Wai su waye Osibisa, kuma me ya sa mu nan ba mu san su ba?

Sadiq_Fagge ya rubuta:

Assalamu alaikum jama'ar zaure. Don Allah tambaya gare ni ga manyanmu musamman waɗanda suka san kiɗan da. Tun da aka sanar da rasuwar wani dattijo ɗan Gana Teddy Osei a Landan cikin Janairun 2025 nake cin karo da sunan Osibisa a Facebook, mutanen Gana suna ta yabo wai su ne suka fara shigar da kiɗan Afirka kasuwar Turawa tun kafin Bob Marley ya yi suna a can. Na shiga YouTube na saurara, wallahi abin ya ɗaure min kai, waƙa ɗaya za ta fara da ganguna zalla, can sai jita ta shigo tana kuka irin na 'yan rok, kafin ka ankara masu busa sun karɓe sun mai da shi jaz, sai kuma a koma amshi da wani yare da ban sani ba, a yi minti bakwai ana abu ɗaya kuma ba ka gaji ba. To wai wane irin kiɗa ne wannan, su waye mutanen, ya aka yi suka haɗu? Sannan abin da ya fi damuna, in har sun kai girman da ake faɗa me ya sa mu a nan ba mu san su ba alhali Fela ko yaro ƙarami ya san sunansa. Wanda ya sani ya taimaka mana, na gode.

Baba_Asawase ya rubuta:

Wa alaikumus salam ɗana Sadiq, ka sosa min inda yake min ƙaiƙayi. Ni haifaffen zangon Kumasi ne, kuma a Kumasi ɗin aka haifi Teddy Osei a 1937, shi da ƙanensa Mac Tontoh mai busa bigila. Sai dai in ba ka san hailaif ba ba za ka gane Osibisa ba, don haka ka yi haƙuri in faro maka daga can.

A shekarun 1950 hailaif shi ne kiɗan birni a Gana, ƙungiya ce za ka gani da kwat da nektai, masu busa a gaba masu ganguna a baya, ana rawa mace da namiji a manyan dandali. Sarkin abin a lokacin E.T. Mensah ne da ƙungiyarsa Tempos, har Legas suke zuwa wasa kuma su Victor Olaiya duk sun ɗebi wani abu a wajensa. A cikin wannan ruwa Teddy ya tashi, yana busa sakso a wata ƙungiya Star Gazers tare da Sol Amarfio mai ganga, shi Sol mutumin Ga ne na wajen Akra. Daga baya suka kafa Comets, Mac ya shigo da bigilarsa, suka yi wata waƙa Pete Pete a ƙarshen shekarun 1950 wadda ta zaga Afirka ta yamma. Ka ga ke nan kafin Bature ya ji sunansu sun riga sun yi shekara goma suna sa mutane rawa a gida, ba yara ne da suka tashi suka ga jita a Landan ba.

A 1962 Teddy ya tafi Landan, gwamnatin Nkrumah ta ɗauki nauyin karatunsa na kiɗa don lokacin Nkrumah yana son a ga Gana ta ɗaga kai a kowane fanni. A 1964 ya kafa wata ƙungiya Cat's Paw suna gauraya hailaif da sol na baƙaƙen Amurka da rok. Da sojoji suka kifar da Nkrumah a Fabrairun 1966 sai tallafin ɗalibai irinsa ya yanke, ya zama dole kiɗan ya ciyar da shi. A 1969 ne ya jawo Sol da Mac suka zauna tare a Landan, suka samu samari uku daga tsibiran Karebiyan, Wendell Richardson ɗan Antiguwa mai jita, Robert Bailey ɗan Tirinidad mai ogan, da Spartacus R ɗan Giranada mai jitar bes, sai na bakwai ɗinsu ɗan Najeriya ne Lasisi Amao, yana buga konga yana kuma busa sakso. Su bakwai ɗin nan su ne Osibisa ta asali. Sunan kuma ya samo tushe daga osibisaba, wani tsohon kiɗan Fanti na bakin teku wanda yana cikin iyayen hailaif.

Abin da nake so ka riƙe shi ne haɗuwar 'yan Gana da 'yan Karebiyan ba haɗuwar baƙi ba ce. Tun shekarun 1870 Ingila ta ajiye sojojin West India Regiment a Cape Coast, baƙaƙe ne daga can tsibiran, suna da badujala, matasan Fanti suka riƙa kallonsu suna kwaikwayo har suka fitar da nasu kiɗan badujalar da ake kira adaha. Can daga baya kuma kalifso na Tirinidad ya shiga cikin kiɗan su E.T. Mensah sosai. To su kuma can tsibiran kiɗan da kakanninsu suka tafi da shi a jirgin bayi daga nan yankin ya fito. Shi ya sa da Sol ya buga, Spartacus bai tsaya tambayar ina zai sa ƙafa ba.

Mu a Kumasi waƙar da ta fi shiga jinin mutane ita ce Woyaya. Akwai wani wasan kwaikwayo na talbijin Osofo Dadzie da aka daɗe ana yi, da ita ake buɗe shi. Talbijin baƙi da fari ce, a layinmu gida ɗaya ke da ita, mai gidan yana juyo da ita ta fuskanci taga, mu yara mu jeru a waje wani kan dutse wani kan kafaɗar wani, da an ji waƙar ta tashi sai ka ga mata sun bar tukunya a kan wuta. Malamanmu na zango ba sa son mu da kiɗan ban, wato na ƙungiya mai jita da kayan busa, amma wannan waƙar har telolinmu da direbobin tashar Kejetia suna rera ta.

Bulus_Sitidiyo ya rubuta:

Baba mun gode, Allah Ya ƙara lafiya, ka ba mu tushe. Ni aikin sauti nake yi a Jos kuma na taso ina buga ganga a coci, bari in amsa wa Sadiq ɓangaren wane irin kiɗa ne.

Turawa sun sa masa suna Afro-rok don su samu inda za su jera faifan a kanti, amma in ka kwance shi ga abin da ke ciki. A ƙasa akwai ƙararrawar ƙarfe wadda mutanen Gana ke bugawa da sanda, ita ce ke riƙe lokaci ba babbar ganga ba, tana maimaita zance guda daga farko har ƙarshe. A kanta mai konga yana iya ƙirga uku mai ganguna yana ƙirga huɗu a cikin tsawon lokaci ɗaya, kowa yana faɗawa a gurbin da ɗan uwansa ya bari, kamar dai mata uku suna lugude a turmi ɗaya, taɓarya ba ta karo da taɓarya amma kunnenka kiɗa guda yake ji. Kiɗan rok na Ingila a lokacin yawanci ɗaya biyu uku huɗu ne a miƙe, to su sai suka ɗora jitar rok ɗin a kan wancan lugude, Wendell yana murɗa ta tana kuka, Robert Bailey yana cika tsakiya da ogan, sannan masu busa uku Teddy da Mac da Lasisi suna shigowa tare da gajerun jimloli irin na hailaif, in an ba mutum ɗaya fili kuma ya tafi yawo irin na jaz. Wani abin da nake so game da su shi ne kusan kowa a cikinsu makaɗi ne, akwai inda za a ajiye jita a ajiye bigila kowa ya ɗauki abin bugawa, a yi minti biyu ganguna ne kawai da ihu, sannan a dawo. Wannan a sitidiyon yanzu ba ka samunsa don mutum ɗaya ne da kwamfuta yake jera komai a kan layi, lokaci ba ya numfashi.

Faifansu biyu na farko duk a 1971 suka fito a kamfanin MCA, na farko sunansa Osibisa na biyu Woyaya, kuma wanda ya yi musu furodusin Tony Visconti ne, mutumin da ya yi aiki da David Bowie da T. Rex. Na ba shi maki don bai goge su ba, ya bar sautin kamar kana tsaye a ɗakin. Ka saurari yadda faifan farko ya buɗe, kukan tsuntsaye na asuba, murya tana gabatar da ƙungiyar, sarewa tana shigowa a hankali, bes ya biyo, sai da aka jiƙa ka sannan komai ya fashe. Faifan nan biyu kowanne ya kai lamba 11 a jerin cinikin Birtaniya, ƙungiyar baƙaƙe zalla wasu waƙoƙinsu ba ma da Turanci ba, a 1971, ka auna.

Me ya sa Turawa suka karɓa da wuri? Kunnensu ya riga ya buɗe. Santana ya fito a 1969 da ganguna da jita, kuma ɗaya daga waƙoƙin da suka ɗaga shi wato Jingo asalinta ta Babatunde Olatunji ce, ɗan Najeriya. Sannan lokacin ɗaliban jami'a a Ingila suna son dogayen waƙoƙi masu sarƙaƙiya, su ne suka cika wuraren wasan Osibisa. Hoton bangon faifan ma ya taimaka, wani mai zane Roger Dean ya zana musu giwa mai fukafukai irin na ƙwari tana shawagi a sama, daga nan ne ma ya wuce ya zama mai zana wa ƙungiyar Yes. Duk wanda ya ga bangon zai ɗauka faifan rok ne ya saya, sai ya kai gida ya tarar da Kumasi a ciki. A wannan shekarar dai Teddy da Mac da Lasisi sun buga ganguna a waƙar Look at Yourself ta Uriah Heep, 'yan rok masu nauyi, sannan a faifan Woyaya sun ɗauko waƙar Roland Kirk mutumin jaz sun yi ta yadda suke so. Faifai na uku Heads a 1972, bangonsa Mati Klarwein ne ya zana, wanda ya yi wa Santana da Miles Davis. Ka ga irin mutanen da suke gogayya da su.

Laouali_Maradi ya rubuta:

Gaisuwa ga Baba da kowa. Ni dai ku yi mini haƙuri ban tare da wanga yabo duka. Iya kiɗa sun iya, wanga babu gardama, amma tambayar yaron ita ce don mi ba a san su ba nan, kuma amsa tana cikin abin da Bulus ya faɗa da bakinai, ɗaliban Ingila sunka cika musu wuri. Don su anka yi kiɗan. Giwa mai fukafukai hwa, wace Afirka ce wagga in ba wadda Bature ka mafarki ba? Sa'adda sunka fito yaƙin Biyafara bai daɗe da ƙarewa ba, 1972 Acheampong ya karɓe Gana da bindiga, nan Sahel fari ya kashe muna dabbobi a 1973 da 1974, su kuwa suna Landan suna waƙar farin ciki da hasken rana. Fela shi ma Landan ya yi karatun kiɗa, Trinity College tun 1958, shi ma ya haɗa hailaif da jaz da fonk, amma ya komo gida ya zamna cikin mutanenai ya yi waƙa da Turancin kasuwa wanda kowa ka ji, ya sha duka, soja sunka ƙone mai gida a Fabrairun 1977. Wanda ya sha wuya tare da ku shi kuka tunawa.

Ku dibi Tal National na Yamai, tun wajen 2000 suna haɗa kiɗan Hausa da na Zabarmawa da na Fulani da na Buzaye bisa jita da ganguna, gudu kamar rok, amma wurin biki da dandalin Yamai sunka fara cikawa dare bayan dare suna saida faifansu bisa titi, sai 2013 kamfanin FatCat na Ingila ya fiddo musu Kaani duniya ta ji. Gida da farko, waje daga baya. Su Osibisa sun yi ta baibai, shi ya sa da kasuwar waje ta juya musu baya babu inda za su dafa.

AntyRabi_KD ta rubuta:

Malam Laouali ka faɗi gaskiya rabi, bari in cika maka rabin. Ni na yi aiki shekaru a ɗakin ajiyar faifai na wani gidan rediyo a nan Kaduna kafin in yi ritaya, don haka abin da zan faɗa hannuna ya taɓa.

Da farko ba daidai ba ne a ce ba a san su a nan ba, an san su, tsara ce ta wuce. A shekarun 1970 duk gidan ma'aikacin gwamnati ko na reluwe da ke da rediyogiram a Kaduna da Jos da Sabon Garin Kano da wuya ka rasa faifan giwar nan. Namu na ofis har bangon ya yage mun ɗaure shi da salatif, waƙar farko ta gefe na biyu allura ta cinye ta tana tsalle sai mun ɗora kwabo a kan hannun garmahon. Matsalar waƙoƙinsu dogaye ne ba sa shiga shirin gaishe-gaishe, sai masu shirye-shirye suka riƙa yankar gaɓar ganguna ko ta busa suna buɗe shiri da ita ko su sa a ƙarƙashin sanarwa, ba a faɗin sunan masu kiɗan. Ina da yaƙinin iyayen su Sadiq da yawa sun san sautin sarai, sunan ne ba su sani ba. Ni kuma akwai wata a faifan Woyaya mai suna Rabiatu, abokan aiki in suna son su faranta min ita suke sawa.

Sannan mu faɗa wa kanmu gaskiya, a Arewa kiɗan ban gaba ɗayansa ana danganta shi da otal da giya, mutumin kirki Shata yake saurara ko Ɗan Maraya ko waƙar fim ɗin Indiya. Ko Bala Miller da ya zauna a nan Kaduna yana waƙa da Hausa tsantsa da cikakkiyar ƙungiya, yau matasa nawa ne suka san shi? To balle waɗanda ke Landan.

Batun cewa ba su damu da gida ba, a nan na rabu da kai. A faifansu na farko akwai waƙar da take kira a tuna da talakawa, Woyaya kuwa waƙar masu tafiya cikin wahala ce da suke da tabbacin za su isa, shi ya sa ta zama ta taro da makarantu da coci har wajen Gana, Art Garfunkel ma ya sake rera ta a 1973. Sun zo Legas sun yi wasa a FESTAC, bikin al'adun baƙar fata na duniya, a 1977, bikin da aka yi hawan dabarsa a nan Kaduna, Fela ne ma ya ƙaurace wa bikin yana nasa a gidan rawarsa Shrine. A 1980 suna cikin waɗanda suka yi wasa a bukukuwan 'yancin Zimbabuwe. Ba kowa ne aka halitta ya yi faɗa da soja ba, kuma baƙar fata a Landan na 1971 ya hau dandali da kayan gida yana waƙa da yarensa ba tare da sunkuyar da kai ba, wannan ma tsayuwa ce.

Inda na yarda da kai shi ne kasuwa ta ja su ta kuma yar da su. Daga MCA suka yi kiɗan fim ɗin Super Fly T.N.T. a 1973, fim ɗin bai yi kasuwa ba, ga shi na farkonsa Curtis Mayfield ne ya yi masa kiɗa kowa da shi yake auna su. Suka koma kamfanin Warner suka yi Happy Children da Osibirock, suka sake komawa Bronze suka yi Welcome Home a 1975 da Ojah Awake a 1976, kowane kamfani da abin da yake so su zama. Mutane kuma suna ta fita suna shiga, Spartacus ya tafi bayan faifai na uku, Wendell ya bi ƙungiyar Free yawon wasa kafin ya dawo, aka samu Jean Dikoto Mandengue ɗan Kamaru a bes, bayansa Mike Odumosu na ƙungiyar BLO ta Legas, Kofi Ayivor a konga, sai Kiki Gyan a ogan yana ɗan saurayi bai kai 20 ba, yaro mai baiwa wanda daga baya ƙwaya ta lalata masa rayuwa ya rasu a 2004, duk lokacin da na tuna shi sai raina ya ɓaci. Sunshine Day ta kai lamba 17 a Birtaniya a 1976, ita ce waƙarsu guda da ta fi ciniki a can, tana da daɗi ban musa ba amma in ka ajiye ta kusa da faifan 1971 za ka ji an rage ganguna an gajarta komai don rediyo. Suka bi disko, disko kuma yana da masu shi, ga rege ya zo ya kwashe matasan baƙaƙen Ingila. Abin mamaki sai Indiya ta karɓe su, yawon da suka yi can a 1981 jama'a ta yi dafifi har aka fitar da faifan wasan.

Baba_Asawase ya rubuta:

Hajiya Rabi Allah Ya saka, kin tuna min da Kiki, Allah Sarki. Laouali ɗana ka ce ba su da inda za su dafa a gida, to ka tambaya gidan yana nan? Bayan Rawlings ya sake karɓar mulki ranar 31 ga Disamba 1981 an sa dokar hana fitar dare ta fi shekara biyu, kiɗan ban kuwa da dare yake ci. Wuraren rawa suka rufe ɗaya bayan ɗaya, aka sa haraji mai nauyi a kan kayan kiɗa da ake shigowa da su, ga yunwar 1983, ga 'yan uwanmu da aka koro daga Najeriya a shekarar. Makaɗa wasu suka gudu Jamus, can aka haifi abin da muke kira boga hailaif, wasu suka shige coci don nan ne kawai ake da kayan kiɗa. Ƙungiyar mutum bakwai takwas da motar kaya ba ta da abin da za ta ci a Gana a lokacin, ko sun so dawowa.

Duk da haka Mac ya dawo gida daga baya, ya tara matasa masu gangunan kete na Asante yana busa bigila a kansu har ya rasu a 2010, shekarar da Spartacus ma ya rasu. Sol ya bi su a Disambar 2022. Teddy ya riƙe sunan a Landan yana canza yara har jiki ya ƙi, kuma a 2021 an fitar da wani faifai New Dawn da sababbin mutane a ƙarƙashin Gregg Kofi Brown wanda ya daɗe a cikinsu. Na saurara, ba laifi, amma ni kunnena na bakwai ɗin farko ne.

Sadiq_Fagge ya rubuta:

Kai jama'a na gode ƙwarai, Baba da Anty Allah Ya ƙara girma, Malam Laouali ni ma maganar Tal National ta shige ni zan neme su. Yaya Bulus tunda faifan suna da yawa kuma an ce ba duka ne suke daidai ba, da wanne zan fara?

Bulus_Sitidiyo ya rubuta:

Fara da na 1971 guda biyun a jere, kar ka tsallake waƙa, don an tsara su ne a ji daga farko zuwa ƙarshe. A na farkon ka tsaya a kan Music for Gong Gong da Ayiko Bia, ka saurara sau ɗaya kana bin ƙararrawa kawai, ka sake kana bin bes kawai, za ka ji inda suke kaucewa juna. Daga nan Heads, sannan ka tsallaka zuwa Black Magic Night wanda aka ɗauka kai tsaye a Royal Festival Hall na Landan a 1977, a nan za ka ji Mike Odumosu da kuma yadda tsofaffin waƙoƙin suke ƙara tsawo a gaban jama'a. Su Sunshine Day ka bar su sai daga baya. Kuma don Allah kar ka ji su da lasifikar waya, tana cinye bes da konga gaba ɗaya, ka samu iyafis mai kyau ko ka je wajen mai sifika babba a unguwarku. Malam Laouali kai kuma ina jiran ka ji na 1977 ɗin nan ka dawo mu ci gaba, don ban gama da kai ba a kan maganar don wa aka yi kiɗan.